Masallacin Malam Maccido

A bayan gidan su Hajiya Kulu, ba nisa da Hubbaren Shehu a Sakkwato, akwai wani ɗan masallacin ƙasa da kakansu Malam Maccido ya gina da hannunsa. Rufin azara ne, ƙofar kuma gajera, sai mutum ya duƙa yake shiga. A gefensa akwai rijiya da bishiyar dogonyaro. Masu ziyara daga Nijar da ƙauyukan Kabi a nan suke sauka, su yi alwala, su miƙe ƙafa, sannan su wuce zuwa kabarin Shehu. Tun da mijin Kulu ya rasu ta dawo gida, ita take shimfiɗa musu tabarmi, ta dama musu fura.

Ƙanenta Alhaji Tukur dillalin shadda ne a babbar kasuwa. Rabonsa da shiga masallacin tun yana saurayi, don a cewarsa bangon yana ɓata masa riga. Sai wata ƙungiya ta saka sunansa cikin tawagar malamai da fastoci da za su zagaya wuraren ibada na duniya. Shi ba malami ba ne, amma shi ya ɗinka wa shugaban ƙungiyar kayan tafiya. Suka je Ƙudus, suka je Rum, suka je Habasha. Ya dawo da wayarsa cike da hotuna, kuma a kowane hoto shi ne a gaba, ginin yana leƙowa ta bayan hularsa.

"Yaya, duba yadda mutane ka girmama wurin ibada," in ji shi, yana tura mata wayar. "Mu ko muna nan da tsibin laka, baƙi na zuwa suna yi muna dariya."

Kulu ta duba hoto biyu ta miƙa masa abarsa. "Ni kai kaɗai nika gani," in ji ta. "Kuma na daɗe da sanin huskarka."

Bai ƙara yi mata maganar ba. Ya jira sai da ta tafi Wurno suna, ya kawo leburori. Da ta dawo, ta tarar da tarin ƙasa a inda masallacin yake, an sare dogonyaron wai saiwarsa za ta fasa harsashin gini, an kuma toshe rijiyar da kankare. Ba ta yi kuka ba, ba ta yi faɗa ba. Ta sa aka tono mata ƙofar itacen daga cikin ɓaraguzan, aka jingine ta a zaure.

Kafin azumi gini ya tashi. Tayil fari har bango, gilashi mai duhu, fitilu kore da ja, da babban allo mai ɗauke da sunan Tukur da manyan baƙaƙe, na kakan a ƙasa da ƙanana. Da farko an bar wurin a buɗe. Amma da Tukur ya ga sawun ƙafar ƙauyawa a kan tayil ɗin, sai ya sa kwaɗo, ya jefa makullin a aljihu. Masu ziyara suka riƙa zuwa suna leƙen gilashin, su ga fuskokinsu, su juya.

Ana nan sai ga baƙo daga Zuru, Fada Bitrus, limamin cocin Katolika, wanda suka zauna kujera ɗaya da Tukur a jirgi. A Habasha, lokacin da suke tsaye cikin wani coci da aka sassaƙa a dutse, Tukur ya bugi ƙirji ya ce su ma suna da irin wannan a gidansu, masallacin da ya girmi kowa a unguwa. Fada bai manta ba. Da aiki ya kawo shi Sakkwato, ya ce sai ya gani.

Tukur ya buɗe kwaɗon, ya kunna fitilu duka da rana tsaka, ya tsaya yana jiran yabo. Fada ya tuɓe takalmi, ya shiga, ya duba sama da ƙasa.

"Madalla, Alhaji," in ji shi. "To ina tsohon?"

"Ai shi na wanga. Mun gyara shi."

Fada ya sake duban bangon. Can ya tambaya ko akwai abin da ya rage na da. Tukur ya fara kame-kame, sai Kulu, wadda take tsaye a bakin zaure da mayafinta, ta ce, "Ka iso nan, baƙo."

Ta nuna masa ƙofar. Itacen ya yi baƙi, wajen da ake turawa ya yi sulɓi saboda hannayen mutane. Fada ya duƙa ya daɗe yana dubawa.

"Hajiya, ke kin fi mu sa'a," in ji shi. "Muna da wani cocin ƙasa a ƙauyenmu, a ciki aka yi wa kakata baftisma. Wani ɗan garin ya yi arziki a Legas, ya zo ya rushe shi, ya yi mana mai gilashi. Ko ƙusa ba mu tsira da ita ba. Sunansa na nan a bakin ƙofa, ya fi gicciyen girma."

Kulu ta dubi ƙanenta daga hula har takalmi. "Ashe kowane addini da nashi Tukur," in ji ta.

Tukur ya yi dariya, don ya ɗauka yabo ne. Ya ja hannun Fada suka koma gaban allon, ya sa direbansa ya ɗauke su hoto. Kafin la'asar hoton ya zagaya wayoyin 'yan ƙungiya, da rubutu a ƙasa cewa manyan baƙi na wasu addinai sun fara tururuwa zuwa ganin aikin Alhaji.

Masu ziyara dai suka koma sauka a wata rumfa can gaba, inda babu rijiya. Kulu ta riƙa aika musu da ruwa a jarka. Shi kuwa Tukur, ƙungiyar ta sake gayyatarsa, wannan karon zuwa Masar, don ya yi jawabi a kan adana kayan tarihi. Ranar tafiya ya shigo sallama, yana ƙamshin turare, ya tarar da ita tana tankaɗen gero.

"Yaya, zan tahi. Mi kika so in kawo maki?"

Ba ta ɗaga kai daga rariyar ba. "Ba ni son komi," in ji ta. "In ka isa dai, ka riƙe hannunka. Ka bar masu nasu tsaye."