Duron Mairama

Shekarar da tattalin arziki ya karye, aka sallami Idirisu daga ofis, ya koma unguwar masana'antu ta Bassa yana fassara takardu ga Alhaji Bakari, dillalin tsoffin ƙarafa, mutumin Najeriya da ba ya jin Faransanci.

Wata rana aka sauke duro arba'in. Takardarsu ta ce daga wani tsohon ramin ma'adinai na Kwango suka fito, inda aka haƙo yuraniyom ɗin bam lokacin yaƙin duniya na biyu. A ƙasa, da jan rubutu: kada a sa abinci ko ruwa.

"Me ta ce?" in ji Alhaji.

"Ta ce babu komai ciki."

Ba ƙarya ya yi ba, layi ɗaya ya tsallake. Mai ilimi ne, ya ƙiyasta: shekara kusan hamsin, kowace irin guba ai ta gaji. Famfon unguwarsu New Bell ya ƙafe, kowa na neman abin tarar ruwan sama. Kwana uku duron suka ƙare. Shi ma ya kai wa matarsa Mairama ɗaya, ta wanke da sabulu tana sa masa albarka.

Shekara huɗu ta sha ruwansa, sannan ta rasu. Likita bai ce duron ne ba. Idirisu kuma bai tambaya ba.

Bayan sadakar arba'in, dangi suka rabar da kayan mamaciya don lada ya kai mata. Duron ya faɗa hannun maƙwabciyarsu Rakiyatu, mai goyo. Mako guda yana jin ƙarar moɗa ta bayan katanga. Ran na takwas da hantsi ya yi sallama.

"Rakiyatu, duron nan zan karɓa."

"Haba Malam Idi! Ana ƙwace sadaka? Ladan matarka za ka zubar?"

Ya gaya mata komai, har jan rubutun. Ba ta yi kuka ba. Ta ajiye moɗar, ta gyara goyonta.

"Sauran talatin da taran fa?"

Ya san gidajen. Da yawa shi ya yi musu hanya. Ya kama bakin duron zai kifar.

"Ba a kwata ba," ta ce. "Unguwa duka take ratsawa."

Ya saki. Bai taɓa karanta takardar da ta faɗi inda ake zubarwa ba. Ya rufe duron da kwanon rufi, ya ɗora dutse, ya nufi gidan liman, wanda ya sayi biyu.