Kujerar Gaba

Shekara talatin da huɗu ina tuƙa bas ɗin kamfani, ban taɓa haɗuwa da shingen da ya gagare ni wucewa ba sai na wannan likitar.

Tayar gaba ce ta fashe mana a gangaren gada, motar ta kife, mutum ɗaya ya rasu. 'Yan sanda suka duba, suka wanke ni tas. Amma Manaja ya ce sabuwar doka ce: ba zan sake riƙe makulli ba sai likitar da ke duba masu damuwa ta sa hannu cewa hankalina ya kwanta. Wata uku ya ba ni. In babu takarda, a ba wani motata.

Ofishinta yana hawa na biyu, saman wani kantin magani. Kujeru biyu suna kallon juna, agogon bango, kwalin tishu, sai taga mai kallon titi. Ba allura, ba abin awon jini. Ita kanta ba ta kai babbar 'yata shekaru ba.

Ni kuwa na san ƙa'idar shinge. In jami'i ya tsayar da kai, ka yi murmushi, ka amsa abin da aka tambaye ka, kada ka ƙara ko kalma ɗaya.

"Baba, yaya barci?"

"Lafiya lau, Likita."

"Kana tuna ranar?"

"Ƙaddara ce, ta wuce."

Muka zauna muna sauraron agogo kamar masu jiran sakamakon awo. Da minti hamsin ya cika ta ce, "Lokacinmu ya yi. Sai Talata."

"Takardar fa?"

"Sai Talata, Baba."

Mako na biyu na zo da daɗin baki. Na yabi tarbiyyarta, na tambayi lafiyar iyayenta. Ta ce suna lafiya, sannan ta tambaye ni me nake gudu da na fi son mu yi zancensu. Mako na uku na kawo mata lemo cike da leda, ta yi godiya har sau biyu, ta miƙo mini abina a bakin ƙofa. Na huɗu na makara da gangan, rabin awa cur, don ta san ni ma ina da abin yi. Ko a jikinta. Minti ashirin muka yi ta sallame ni.

Na biyar ne na fashe. "Ke 'yar nan, kin taɓa ɗauko mutum sittin a bayanki? Ko keke kin iya?"

"Ban taɓa ba," in ji ta. "Yaya abin yake?"

Ka ji fa! Ka zagi mutum ya mayar maka da tambaya. Na sauko ina huci. A gida uwar yara ta ce, "Malam, kai da ko murfin tukunya ya faɗi sai ka zabura, me zai hana ka gaya mata?" Na ce ta ji da tukunyarta.

A mako na bakwai ta rufe littafinta ta ajiye a ƙasa.

"Baba, bari in gaya maka gaskiya. Ka gajiyar da ni. Duk Talata sai in ji kamar an sa mini kaki an tsayar da ni a titi, ina tambaya kana miƙo mini takardun mota. Kuma da laifina a ciki, ni na yi ta jero maka tambayoyi kamar mai bincike. Na daina."

"Madalla. Sa hannu mu rabu lafiya."

"Ba zan sa ba. Duk motar da ta yi hon a ƙasa, sai ƙafarka ta dama ta taka birki a kan kafet ɗina. Mako bakwai ina kallo."

Na janye ƙafar ƙarƙashin kujera. Haushi ya cika ni, don ban san ina yi ba.

Ta miƙe. "Tashi mu gyara zama. Na lura direba ba ya hira yana kallon fuskar mutum." Ta juya kujerata ta fuskanci taga, ta jawo tata ta ajiye a gefena. "Ga titinka nan. Ni fasinja ce, ba ni da tambaya." Ta zauna.

"Tashi daga nan!"

Ban san na yi tsawar ba sai da na ji muryata ta dawo daga bango. Ba ta tashi ba, ba ta kuma kalle ni ba. Titi take kallo.

Sai bakina ya buɗe da kansa. Wanda ya rasu malamin makaranta ne, dogo, tikitinsa na kujerar baya ne. A tasha na hango gwiwoyinsa sun tokare, na ce, "Malam, dawo gaba ka miƙe ƙafa." Ba tausayi ne kaɗai ba, abokin hira nake so, tafiyar da nisa. Ya yi ta ba ni labarin ɗalibansa muna dariya. Mutanen baya ƙurjewa kawai suka yi. 'Yan sanda tayar suka tambaye ni, tayar na amsa musu. Ban ƙara ko kalma ba.

Na jira ta ce ba laifina ba ne.

"Ba za ki ce komai ba?"

"Mutum nawa suka ce maka ba laifinka ba ne?"

"Kowa."

"Ya yi amfani?"

Na ja tishu biyu, na ce ƙurar kafet ɗinta ce.

Ta ɗauko takardar ta ɗora a gwiwarta, biro a hannu. "In na sa hannu yau, gobe wa za ka bari ya zauna a gefenka?"

Na daɗe ina kallon takardar nan da na yi mako bakwai ina farauta. Na ce, "Mayar da ita. Ki rubuta wa Manaja ya ƙara mini lokaci."

"Zan rubuta. Lokacinmu ya yi."

"Yanzu? Yanzu da na fara?"

"Sai Talata, Baba."

Manaja ya ƙara wata biyu, ya kuma ba wani sabon direba motata kafin nan, wani mai sa wa mota giya kamar yana faɗa da ita. Daga bakin gareji nake jin kukanta.

Talatar da ta biyo na iso saura minti goma, na ƙwanƙwasa. Ta leƙo, ta gaishe ni da fara'a, ta nuna mini benci a waje. Sai da goman nan ta cika cif ta buɗe ƙofa.