Elyakim Biyu a Gida Ɗaya

Shekara arba'in da ɗaya Elyakim Ohayon ya yi yana jiran a yi masa takwara, wato tun ranar da aka yi wa ɗansa Yoram kaciya. Yoram kuwa, Allah ya shirye shi, bai tashi aure ba sai da furfura ta fara leƙo masa a gemu. 'Ya'yan Elyakim mata biyu sun haifi maza har biyar, amma duk sunayen dangin mazajensu suka ɗauka, haka al'ada take, ba wanda ya yi ƙorafi. Ɗan ɗa namiji shi ne rabonsa. To ga shi ranar wata Talata ta watan Nuwamba, Tirza matar Yoram ta sauka lafiya a nan Strasbourg, namiji. Labarin ya sami tsohon yana tsaka da huda sabon huji a bel ɗinsa, don wando ya fara zame masa. Huji na uku ke nan tun bazara.

Sunan nan ba abin wasa ba ne a gidansu. Tun suna Meknes, garinsu na asali, kaka ke ba jika, jika ya ba nasa jikan. Elyakim shida aka yi kafin shi, kuma kowanne ya riƙe takwaransa a cinya da ransa, ya ji an kira sunan da kunnensa. Kakansa ne ya fasa masa sunan gida biyu yana yaro: El, Allah ke nan; yakim, zai tsayar. Allah zai tsayar. Ya ce masa a zamanin sarakunan Urushalima an yi wani mai wannan suna, wakilin gidan sarki, wanda aka damƙa wa mabuɗin fada. Elyakim namu dai bai sami fada ba. Shagon yankan mabuɗi ya samu, ɗan tsukukun wuri, ya yi shekara talatin da takwas a ciki har gwiwoyinsa suka ce sun gaji.

Ranar Alhamis ya tafi ganin jariri. Hawa na huɗu Yoram yake, na'urar hawa kuma ta lalace tun watan jiya, sai da tsohon ya huta sau biyu a matakala. Da ya isa, kafin ma ya cire hula, Madam Weill ta ja shi kicin ta rufe ƙofa. Ita ce uwar Tirza, haifaffiyar Alsace, yankin da Strasbourg take, tun kaka da kakanni, 'yar gajeriya, bakin nan kamar reza. Mijinta Netanel ya rasu shekara biyu da suka wuce. Da yake ba a furta sunan yaro sai rana ta takwas, a bakin mai kaciya, da murya ƙasa-ƙasa aka yi faɗan.

"Mesiye Ohayon, na ji wata magana, ina fata ƙarya ce."

"In a bakin Yoram kika ji, gaskiya ce."

"Mu ba ma sa wa jariri sunan mai rai. Ga sunan Netanel nan yana jira, ba wanda ya ɗauka."

"Mu kuma, Madam, ba ma jira sai mutum ya mutu sannan mu girmama shi. Me gawa za ta yi da takwara?"

Ta ajiye cokalin da ke hannunta. "Mala'ikan mutuwa da suna ake aiko shi. Ya zo ya tarar da Elyakim Ohayon biyu a gida ɗaya, wanne zai ɗauka?"

Elyakim ya yi dariya har da tari. "Wai mala'ikan naku na Alsace makaho ne? Namu na Meknes yana bambanta mai gemu da mai tsumman fitsari."

"Kai ma ai da idonka biyu ka fasa ƙofar Levy."

Kai, matar nan ba ta da dama. Shekara ashirin da faruwar abin, amma ba a bar shi ya manta ba. An kira shi ne a waya cewa wani Levy ya kulle kansa a waje, ga layi, ga lambar gida, ya je ya buɗe kafin mutumin ya dawo daga kasuwa. Ya je da takarda a hannu, ya ga Levy a jikin ƙofa, ya sa injin huda ya ragargaza makullin. Ashe Levy biyu ne a benen, kuma wannan yana ciki, a bahon wanka. Har yau in Elyakim ya shiga majami'a akwai tsofaffin da ke taɓa aljihu su ce bari su tabbata mabuɗinsu na nan. Ya ɗauki hularsa ya fita, ko jaririn bai gani da kyau ba.

Daga nan gida ya zama filin daga. Ƙanwarsa Zohra ta riƙa bugo waya daga Marseille, safe da yamma, tana tambayar Yoram ko ubansa ya yi masa wani laifi ne da zai binne sunansa tun yana numfashi. Dangin Weill su ma ba su yi shiru ba. Tirza ga jego ga kuka, nono ma ya ƙi zuwa sosai. Ranar Asabar bayan addu'a Elyakim ya zauna shi kaɗai gaban tukunyar dafina, wake da nama da ƙwai da suka kwana a kan wuta, ya ci cokali biyu ya ture. Ya ce wa kansa ɓacin rai ne ya hana shi ci. Tun rasuwar matarsa ma abinci bai ƙara yi masa daɗi ba.

Ranar Lahadi Yoram ya zo, idanu sun faɗa, riga da tabon madara a kafaɗa. Bai ko zauna ba.

"Baba, ka ci nasara. Tirza ta ce a sa sunanka, ta gaji. Mamanta ta ce za ta zo kaciya, amma ba za ta taɓa kiran sunan ba, yaro za ta riƙa cewa har ya yi aure."

"Ta ce yaro, ta ce ɗan tsako, ruwanta. Zauna ka sha shayi."

"Barci nake so, Baba, ba shayi ba."

Elyakim ya yi murna, ba a cewa bai yi ba. Ya fiddo kwat ɗinsa baƙa ya goge, ya gwada a gaban madubi, ya ga ta yi masa yawa sai ka ce aro. Ya rataye ta haka nan.

Litinin da safe yana da ganin likita. Makonni uku da suka wuce aka ɗauki hoton cikinsa, kuma da rigimar suna har ya kusa mantawa. Likitar yarinya ce, ba ta kai Tirza ba. Ta juyo masa da hoton, ta nuna da biro, ta yi ta kewaye-kewaye. Ciwon daji ne, ya riga ya kama hanta.

"Wata nawa?" ya tambaye ta.

"Ba ma son faɗin adadi, Mesiye, kowane jiki da nasa."

"'Yata, ni mai gyaran ƙofa ne. In makulli ya mutu cewa nake ya mutu. Faɗa mini."

Ta ce huɗu, ko shida in an yi sa'a. Ya ƙirga a yatsu, ya ga Idin Ƙetarewa, babban idinsu na shekara, ya faɗo a tsakiya. Ya yi mata godiya, ya ninke takardar da ta ba shi ya sa a aljihu.

Gida ya yi niyyar komawa, amma sai ya tsinci kansa ya sauka daga tram, jirgin ƙasa na cikin gari, a unguwar Yoram. A ƙofar benen ya tsaya gaban jerin ƙararrawa, kowacce da sunan mai ita. Ohayon, hawa na huɗu. Ya daɗe yana kallon rubutun kafin ya danna. Sau uku ya huta a matakala wannan karon. Tirza ta buɗe masa, ta miƙa masa jaririn, ta zauna a kujera, nan take barci ya kwashe ta.

Yaron bai fi nauyin jakar kayan aikinsa ba. Yana barci, baki a buɗe, ɗan hannu ya kama maɓallin rigar kakansa. Elyakim ya ce a ransa zancen Madam Weill zancen tsofaffin mata ne, Allah ai ba ya kuskure. To amma ba Allah ne ke hawa matakala ba, ɗan aike ne. Shi kuwa ya san ɗan aike, ya yi aikin shekara talatin da takwas. Ana ba ka suna da lambar gida, kana sauri, akwai wasu ƙofofin suna jiranka, ka ga sunan ka sa inji. Kakanninsa shida sun ba da sunan, gaskiya ne, amma a iya saninsa ba wanda ya bayar alhali ɗan aiken ya riga ya kamo hanya. Tsoro ya kama shi, irin wanda bai ji a ɗakin likita ba. Ya yi ƙoƙarin yi wa kansa dariya, dariyar ta ƙi zuwa. Ya zauna haka riƙe da yaron har Tirza ta farka.

Talata da safe majami'a ta cika, Zohra ma ta iso da jirgin farko da akwatin alewar almond. Elyakim ya ja Yoram gefe, wajen da ake rataye riguna.

"Sunan da za ka raɗa wa mai kaciya, Netanel ne."

Yoram ya dube shi kamar an mare shi. "Baba, kwana bakwai ka hana gidana zaman lafiya. Matata ta yi kuka har ta ƙoshi. Yanzu kuma?"

"Yanzu kuma Netanel."

"Saboda me?"

"Na canza ra'ayi. Tsoho ba ya da ikon canza ra'ayi?"

"Gwaggo Zohra za ta cinye ni ɗanye."

"Ni za ta ci, ba kai ba. Je ka, ana jiranka."

Aka zaunar da shi a babbar kujera, aka ɗora masa matashi a cinya, aka kwantar da yaron. Wannan zama shi ya yi shekara arba'in da ɗaya yana hangowa. Ya riƙe ƙananan ƙafafun nan gam, mai kaciya ya yi aikinsa cikin ƙiftawar ido, yaro ya tsanyara kuka, aka ɗiga masa ruwan inabi a leɓe ya yi shiru. Yoram ya sunkuya ya yi raɗa. Mai kaciya ya ɗaga kofi ya yi addu'a, ya kira sunan da ƙarfi: Netanel ɗan Yoram. Daga ɓangaren mata aka ji muryar Zohra ta ce, "Wa?" Mutanen Meknes suka shiga kallon juna. Elyakim ya ce amin tare da kowa, idonsa a kan yaron, kuma abin ya yi masa ciwo ƙwarai.

Wajen cin abinci ya sami kujera a lungu ya zauna. Zohra ta zo ta zazzaga masa abin da ke bakinta, ta ce an shanye shi, ta tafi. Can sai ga Madam Weill da faranti a hannu. Ya zaci murnar cin nasara ta zo yi. Ta ja kujera ta zauna kusa da shi, ta daɗe tana kallon wuyansa, inda kwalar riga ta bar fili har yatsu uku su shiga.

"Ranar Alhamis ka ce mala'ikanmu makaho ne."

"Na ce."

"Netanel ma haka kwalarsa ta yi. Ni na riƙa matsar masa da maɓalli." Ta rage murya. "Wata nawa?"

Ya so ya ce mata bai gane ba, amma ya gaji da faɗa da matar nan. "Kafin Idin Ƙetarewa, ko bayansa kaɗan."

"Yoram ya sani?"

"Yau ranar yaro ce. Gobe na faɗa masa."

Ta gyaɗa kai. Ta ciro hankici ta share hanci da ƙarfi, ta mayar. A can tsakiyar ɗaki ana ta miƙa jariri hannu zuwa hannu, kowa na gwada sabon sunan a bakinsa.

"Netanel," in ji Elyakim. "Allah ya bayar. Ba laifi, suna ne mai kyau. El ɗin dai yana nan, ya koma baya ne kawai."

"Tirza shekararta talatin da huɗu," ta ce. "Za ta sake haihuwa. In namiji ne, ni da kaina zan raɗa wa mai kaciya sunanka, ko Yoram ba sai ya sunkuya ba."

"Ba zan ji ba, Madam."

"Ba za ka ji ba. Amma zan riƙa kiransa safe da yamma har ya gaji da ni. Faɗa mini yadda kakanka ya faɗa maka, don in faɗa masa daidai. Tirza ta ce akwai zancen mabuɗi."

Sai ya fasa mata sunan gida biyu, a hankali, yana nunawa da yatsa a kan tebur. El a nan, yakim a nan. Ya ba ta labarin wakilin gidan sarki, ya jera mata Elyakim shida na Meknes da sana'ar kowanne, ta sa shi ya maimaita na huɗu don ta ce bai shiga kanta ba.

"Allah zai tsayar," ta ce. "To kafin nan ka ci wani abu, kar ka faɗi a matakalar mutane."

Ta turo masa farantin. Kifi ne irin nasu na Alsace, mai sanyi, wanda ya sha cewa ko kyanwa ba za ta ci ba. Ya ɗauki cokali mai yatsu ya ci rabi, tana zaune tana kallonsa.