Inna Cima a Saman Tudu

Shekara talatin Inna Cima tana gaya ma mutanen Tabotaki tana cikin silimar da wasu baƙi sunka ɗauka, lokacin da mata sunka jera duwatsu bisa tudu don tare ruwan sama. Ni ɗiyarta ce, Rabi'atu, kuma na sha jin haushi, don ba mai yarda. Maiguwa maƙwabcinmu ma har "Cima ta silima" yake ce mata.

Bana sai ga Alƙasim, malamin lakwal, wato makarantar boko, ya samo tsohon kaset ɗin. Bayan la'asar munka cika aji, aka rufe tagogi, ya kunna wata tele mai faɗi kamar ƙofa, da na'urorin amsa-kuwwa biyar kewaye da ajin.

Hoton ya fito ɗan murabba'i a tsakiya, dama da hagu baƙi ƙirin.

"Malam, tele ta lalace!" in ji Maiguwa. "Cika muna ita!"

Alƙasim ya danna, hoto ya kumbura ya cika ko'ina, aka yi tafi. Munka ga ƙafafu, munka ga duwatsu. Waƙar matan kuma ta watse cikin amsa-kuwwa biyar, sai ka ce daga rijiya. Har aka gama ba Inna.

"To, Cima ta silima, ko kin tafi shan ruwa ne?" in ji Maiguwa.

Inna ta sunkuyar da kai. Wallahi raina ya ɓaci. Na miƙe.

"Malam, matan can ba su da kawuna ne? Ka maida shi yadda ya zo!"

Alƙasim ya ce gaskiyata, don a cika faɗin sai an yanke sama da ƙasa. Ya maido baƙin gefen. Ya ce sautin da ma don amsa-kuwwa guda aka yi shi, ya kashe huɗu ya bar ɗaya, ya sake kunna kaset ɗin.

Ai kuwa! Can saman tudu, inda aka yanke, ga wata doguwar mace da dutse bisa kai, ita ke ba da waƙa, sauran suna amsawa. Muryar ta fito tar. Tsofaffin da ke cikin aji sunka kama amshi ba wanda ya sa su. Ni kam kuka nake, ina jin kaina ya fi tele girma.

Inna ta tashi a hankali, ta gyara mayafi, ta nuna hoton da sandarta.

"Maiguwa, ka ga dutsen da ke kaina? Yana nan bakin gonarka. Shi ke riƙe maka ruwan geron da kake ci."