Hannun da Norman Yake Jira

"Kin tsallake shafi, Enid Capstick."

Enid ta sauke littafin a cinyarta, ta dubi tsohon ta saman tabarau. Idonsa a rufe, bakinsa a buɗe. Ita a zatonta barci ya kwashe shi tun ɗazu.

"Ban tsallake komai ba."

"Kin tsallake. Kin bar su a gaban alƙali, sai ga su a kurkuku. Ina hular?"

"Wace hula kuma? Wilfred, duk shafin da na buɗe hular nan ce. Alƙali ya ce su cire, su ƙi, a kulle su. Su fito su sake ƙi, a sake kulle su. Wai kakannin naka ba su da aikin yi ne?"

"Koma baya."

Ta koma baya, tana ƙunƙuni.

Tun kaka take wannan aiki, tun da idon Wilfred Garth ya mutu, zuciyarsa kuma ta fara bin sahu. Bango ɗaya ya raba gidajensu a ƙarshen layi, can ƙauyen da ke gindin duwatsun arewacin Ingila, kuma tsohon yana da sanda. In ya buga bangon, ta zo. Ta yi masa fate, ta sauya zanen gado, ta juya shi, sa'annan ta zauna ta karanta masa tarihin mutanensa. Shi ɗan ɗariƙar Kweka ne, masu kiran kansu Abokai, waɗanda ba su da fasto ba su da waƙa, ibadarsu ita ce su zauna a ɗaki su yi shiru. Ita kuwa Enid, wadda ta ƙare aikinta tana dafa wa yaran firamare abinci, coci ba ya ganinta sai biki ko jana'iza, kuma shiru bai taɓa zama sana'arta ba.

Mutanen da ba sa magana, amma dubi abin da suka rubuta! Littattafai a kan matakala, littattafai a ƙarƙashin tagar kicin, littattafai a kujerar matarsa marigayiya. Duk labarinsu ɗaya ne, wane ya ƙi rantsuwa, wane ya ƙi ɗaukar bindiga, wane ya mutu a kurkuku bai janye ba.

Ta gaji, gaskiyar magana ke nan. Gwiwoyinta sun gaji, idonta ya gaji, rabonta da barcin kirki har ta manta. Akwai safiyar da ta tsaya a ƙofarsa da makulli a hannu tana fatan ta tarar an gama, ta ji kunyar kanta, ta shiga ta yi masa faɗa a kan bai shanye shayinsa ba.

Ranar nan nas ta ja ta gefe a bakin ƙofa ta ce mata saura kwanaki, ba makonni ba. Abin da ya tsaya wa Enid a rai shi ne tsohon zai tafi ba ko mutum ɗaya daga cikin Abokan nasa a kusa. Ba wai ba su zo ba. Sun zo da farko, da miya a kwano da furanni, ya sa ta sallame su daga bakin ƙofa.

Littafi ne ya jawo. Shekarun baya Wilfred ya rubuta ɗan tarihin ɗakin ibadarsu na ƙauyen, ya buga da kansa. A ciki ya zo kan mahaifin Norman Iveson, wanda kowa ke alfahari da shi don ya ƙi zuwa yaƙin duniya na farko har aka ɗaure shi. Wilfred ya rubuta haka, ya kuma ƙara abin da ya biyo baya, cewa da sanyin kurkuku ya ci ƙarfin mutumin, ya karɓi kaki ya tafi. Norman, amininsa tun suna 'yan makaranta, ya miƙe a taro ya nemi a sauke littafin daga kantar ɗakin. Aka sauke. Tun ranar Wilfred bai sake taka wurin ba, in sun haɗu a layi kowa ya kama kallon tumakin wani.

Ta rufe littafin da ƙarfi. "Gobe zan je in kira su."

"Ban aike ki ba, Enid Capstick."

"Ban ce ka aike ni ba. Kuma ka daina kiran sunana duka kamar mai karanta sammaci."

"Haka muke kiran kowa."

"To ni na gaji da zama ni kaɗai ina jin numfashinka. Kana da mutane. Su ma su zo su ji."

Ta ɗauka ya ƙi. Ta tashi ta fara tattara kofuna.

"In sun zo," in ji shi, yana fuskantar bango, "kada ki ba Norman kujerar nan mai rawa. Bayansa ba lafiya."

Ta sami Norman a bayan gidansa yana gyaran katangar dutse da ta rushe, dogon tsoho mai kunnuwa ja, hularsa ta jiƙe da yayyafi. Bai daina aiki ba da ya gan ta.

"Shi ya ce in zo?"

"Cewa ya yi kada in ba ka kujera mai rawa."

Norman ya ɗauki dutse, ya juya shi, ya ajiye, ya ɗauki wani. Enid ta tsaya tana sauya ƙafa. In ka biye wa mutanen nan sai ka tsufa a tsaye.

"Norman, ruwa ake yi, kuma ni ba yarinya ba ce. Za ka zo ko ba za ka zo ba?"

"Abin da ya rubuta gaskiya ne," in ji shi. "Na ga kakin da idona a akwati tun ina yaro. Amma tsohuwata tana da rai lokacin, Enid. A benci na gaba take zama. Da ya jira ta tafi, me zai rage shi?"

"Ka gaya masa haka?"

"Ya sani."

"Ku dai komai ya sani, ya sani. Da bakinku na aiki kamar alƙalaminku da ba a kai nan ba."

Ya ɗan yi murmushi, ya goge hannunsa a wando. "Za mu zo Lahadi da safe, mu yi zaman a ɗakinsa. Amma shi zai rufe."

"Ya rufe me?"

"Zaman. Ba agogo ke tashinmu ba. In lokaci ya yi, dattijo ya miƙa wa na kusa da shi hannu, su gaisa, sai kowa ya gaisa da kowa, shi ke nan an tashi. Shekara da shekaru Wilfred ke miƙo mini." Ya dubi tafinsa. "A ɗakinsa ne, shi ke da rufewa. In ya ga dama."

"In bai ga dama ba fa?"

"Sai in san matsayina."

Ran Lahadi suka zo, 'yan tsirarun da suka rage, duk furfura. Ɗakin ya cika da warin rigunan ulu da suka sha ruwa. Enid ta ture tulin littattafai da ƙafa ta sama wa kowa wuri. Muriel, wata 'yar ƙaramar tsohuwa mai sanda biyu, ta sumbaci Wilfred a goshi ta ce ya rame. Ya ce ita ma ba ta ƙara kyau ba. Norman ya shigo a ƙarshe, hula a hannu, ya zauna a kujera mai ƙwari da aka ajiye masa dab da gadon, ta hannun dama.

"Wilfred Garth."

"Norman Iveson."

"Littafin ya koma kanta. Jiya na mayar da shi."

Tsohon ya ja numfashi sau biyu kafin ya samu na magana. "Wace kanta? Ta sama, inda ba mai kaiwa?"

"Ta tsakiya."

"Hm," in ji Wilfred.

Iyakar abin da ya ce ke nan. Enid ta so ta ɗauki matashi ta maka masa. Mutum ya tako har gadonka da kunnuwansa ja, ka ce masa hm?

Kowa ya gyara zama, ya rufe ido. Ita ta zauna a ɗaya gefen gadon, kusa da taga, ta harɗe hannuwa. Ba ta yi niyyar rufe nata idon ba. Wani dai ya kamata ya sa ido a kan mara lafiya, tunda su sun tafi duniyar shiru.

Ruwa na dukan gilashi. Wata tunkiya na kuka can kan tudu. Numfashin Wilfred na shiga yana fita kamar ana zarta itace mai danshi. Ta tuna ba ta kwashe shanya ba. Ta tuna maganin da ya kusa ƙarewa. Ta dubi Norman, ya ɗora hannunsa na dama a gwiwa, tafin a buɗe, a shirye. Sai ta lura da wani abu da ta daɗe ba ta ji ba: yau ba ita kaɗai ke sauraron zarton nan ba. Akwai kunnuwa da yawa a ɗakin. Kafaɗunta suka sauka da kansu, ɗumin hita ya kama ƙafafunta.

Ciwon wuya ne ya tashe ta.

Ruwa ya ɗauke. Rana ta shigo ta taga har ta hau bargon, kuma agogon kan kabad ya nuna sun zarce lokacin tashi da nisa. Duk suna nan yadda ta bar su, ido a rufe. Muriel tana ɗan motsa ƙugu don azabar zama. Ba mai buɗe ido ya duba, don a wurinsu leƙen dattijo a gaggauta shi rashin ladabi ne. Jira suke. Norman kuwa fuskarsa ta yi jajir, haƙoransa a cije, hannun yana nan a gwiwa, a buɗe. Kana ganinsa ka san abin da yake faɗa wa kansa: ya ƙi ni, a gaban kowa ya ƙi ni, kuma zan zauna har ya gaji.

Sai ta ji abin da ya ɓace daga ɗakin. Ba zarto.

Ta dubi gadon. Ta taɓa ganin mijinta marigayi a irin wannan hali, ba ta buƙatar a gaya mata. Bakin Wilfred a buɗe kamar kullum, amma hancin ya yi tsini, fatar ta koma kalar kyandir. Hannunsa na dama yana kan bargo, a gefen jikinsa. Ba za ka ce miƙo shi ya yi ba, ba kuma za ka ce janye shi ya yi ba.

Abin da ta yi ta fata a bakin ƙofa ya zo, kuma ba sauƙi ta ji ba. Baƙin ciki ne ya kama ta, da haushin kanta. Wata da watanni tana gadi, sai a sa'ar da ake buƙatar idonta ta yi barci.

"Norman," ta ce a hankali.

Bai motsa ba. Ba a kiran suna a tsakiyar zama.

"Norman, buɗe idonka. Ba ƙin ka ya yi ba. Ya tafi."

Ya buɗe. Sauran ma suka buɗe ɗaya bayan ɗaya. Muriel ta sa hannu ta rufe bakinta. Norman ya daɗe yana kallon fuskar abokinsa, sa'annan ya sauke ido kan hannun, ya daɗe a nan ma.

"Ke idonki biyu," in ji shi. "Mu namu a rufe. Ya miƙo? Kafin nan, kin ga ya miƙo?"

Amsar tana bakinta, a shirye. Kalma ɗaya ce, ba mai ƙaryata ta, kuma tsohon nan zai koma gida ya yi barci. Enid ba ta ɗauki ƙaramar ƙarya a bakin komai ba, ta yi wa yara, ta yi wa likita, ta yi wa mamacin ma ba adadi. Amma Norman yana kallonta da idon mutumin da ya riga ya gwada zama da labari mai daɗi, ya san nauyinsa.

"Ban sani ba," ta ce. "Barci ya ɗauke ni. Ka yafe mini, ban gani ba."

Ya gyaɗa kai, a hankali, sau da yawa.

Ba wanda ya tashi. Zaman bai rufu ba, kuma mai rufewa ba ya nan. Norman ya matso da kujerarsa, ya sa hannu ya ɗauki na Wilfred daga kan bargon, ya riƙe shi sosai, ya girgiza sau ɗaya yadda suka saba. Sauran suka jira ya saki ya juyo gare su. Bai saki ba. Sai ya ɗaga hannunsa na hagu ya miƙa ta saman gadon, wajen Enid.

Ta goge tafinta a siket, ta ba shi. Hannun nasa kaushi ne da shi, da sanyin dutse. Suka zauna a haka, gadon a tsakaninsu, ruwan da ya rage a indararo yana ɗiga a kan dakalin taga.