Fim ɗin Mama Amparo

"Ku ɗan karkata shi hagu, ba na ganin kaina!" in ji Mama Amparo.

Uwaisu ya ƙara juya talabijin ɗin da ya ciccibo daga falonsu. Matarsa Zubaida ta gyara wa tsohuwar filo. Tun da asibiti suka sallamo Mama Amparo suka ce babu sauran magani, Zubaida ke shigowa da kunun gyaɗa kullum. Katanga ɗaya ce tsakaninsu a unguwar Barking da ke London.

Yau jikan tsohuwar ya aiko da fim daga Madrid. Da ƙuruciya ta fito a ciki, jim kaɗan bayan mutuwar shugaban da ya daɗe yana mulkin danniya a Sifaniya. Ba ta taɓa kallonsa ba. Mahaifinta ya rantse ba za ta je silimar ba, ita kuwa ta yi fushi ta taho London.

"Ga ni can! Mai jan siket!"

Zubaida ta matso. Budurwa ce siririya, ta hau tebur a masaƙa tana yi wa manaja tsawa.

"Mama, ashe masifar nan ta daɗe!"

"A zamanin tsohon shugaban nan, wannan maganar kaɗai ta isa a hana fim ɗin fita."

Can sai wani saurayi mai gashin baki ya rungume budurwar, ya kai bakinsa. Uwaisu ya yi wuf ya juya yana duban bango.

"Subhanallahi! Zubaida, ki yi forward, ki wuce wurin nan mana."

"Kada ki taɓa!" Tsohuwa ta daki katifa. "Da can gwamnati ke sa almakashi a irin wannan. Yanzu kuma kai, ɗana?"

Ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. Zubaida ta ba ta ruwa, ita ma tana share ƙwallar dariya.

"Kin so shi ne, Mama?"

"Wa? Shi? Warin tafarnuwa yake."

Suka kalla har ƙarshe, hannunta cikin na Zubaida. Da sunanta ya fito a rubuce, sai ta karanta shi a hankali, kamar na baƙuwa.

Ranar Laraba da hantsi ta cika, nas na gefenta.

Da la'asar hadari ya taso. Zubaida ta leƙa baya, ta hango rigunan barcin Mama har yanzu a kan igiya. Ta zagaya ta kwashe su. Da sauran ɗumin rana a jikinsu. Ta tsaya a nan tana ninkewa.