Goshin da Bai Fashe Ba

A daren da gari zai waye a yi addu'ar bakwai ta yayana Saminu, idona bai ga barci ba. Ba kewarsa kaɗai ce ta hana ni ba. Goshin wani mutum ne ya tsaya mini a rai.

Saminu ya rasu ne a hanyar Mai'adua ran kasuwa, yana komawa Daura a kan babur, lokacin da motar Alhaji Maiturare ta banke shi. Ya bar matarsa Saudatu da 'ya guda, Adawiyya, wadda ko yaye ta ba a yi ba. Washegari Alhaji ya zo zaurenmu ta'aziyya tare da ɗansa Mansur da wani ramammen dattijo mai suna Dabo, wanda aka ce shi ne direba. Dabo ya tuɓe hula ya zube a gaban Baffa Sada, ƙanen mahaifinmu, wanda ke riƙe da gidan tun rasuwar Baba. Yana kuka yana cewa tsautsayi ne, ko akuya bai mallaka ba. Kowa ya tausaya masa, har da ni. Baffa ya ce a bari sai ran bakwai, zai furta yafiya a gaban jama'a.

Sai dai ni na je garejin da ke bayan tasha na ga motar. Gilashin gabanta ya tsattsage kamar saƙar gizo, daidai saitin sitiyari, inda kan mutum ya dake shi. Goshin Dabo kuwa sumul yake, ko ƙwarzane babu. Mansur ne ya ja hularsa har kan gira, kuma da muka tsaya sahu ɗaya a sallar la'asar, na ga yadda yake kai goshinsa ƙasa a hankali, kamar mai ajiye ƙwai.

Na yi ta faɗa wa kaina cewa baƙin ciki ne ke nemar mini wanda zan tsana. Shekarun da na yi a jami'a sun bar ni da ɗabi'ar tone abin da mutane suka binne don a zauna lafiya. Amma duk sa'ad da na rufe ido, sai in ga goshin nan.

Bayan sallar asuba na tarar da Baffa a zaure yana jan carbi. Na durƙusa na gaishe shi.

"Baffa, in aka yafe yau, wa aka yafe wa?"

"Wa ka ga ya durƙusa?"

"Dabo."

"To, ka ba kanka amsa. Ko an kai shi gaban alƙali, diyya a kan danginsa za ta faɗa, su kuwa da kyar suke cin na dare. A matse dutse a sami ruwa?"

"In kuma ba shi ne a sitiyari ba fa?"

Carbin ya tsaya a hannunsa.

"Sharfaddeen, duk karatun nan naka ba a koya maka zato zunubi ba ne? Mu gidan nan ba mu cin kuɗin jini. Af, Alhaji ma ya ce ka kai masa takardunka, yana da mutanen da za su samo maka aiki a Katsina. Zaman nan naka ya isa haka."

Na yi godiya na tashi. Aikin nan ina bukatarsa, ba na musu. Abin da ya biyo ni tsakar gida shi ne Baffa bai tambaye ni wa nake zargi ba.

Saudatu tana zaune a bakin ɗakinta cikin mayafin takaba, Adawiyya na barci a cinyarta. Kafin rasuwar nan ba ta kirana da komai sai ɗan boko, yau ma ba ta fasa ba.

"Ɗan boko, idonka ya yi ja. Kai ma ba ka runtsa ba?"

"Maman Adawiyya, an tambaye ki kafin a ce za a yafe?"

"An gaya mini dai." Ta nuna rumfa da haɓa, inda aka jibge buhunan shinkafa. "Ka ga wancan? Daga gidan Alhaji, wai sadakar direba. Mutumin da ba shi da akuya! Kuma tun yaushe mai mota ke zarya haka a kan laifin direbansa?"

Na gaya mata zancen gilashin da na goshin. Ta shafa kan yarinyar.

"Nawa rabon na diyya, in na ga dama, sai in yafe. Na wannan fa? Marainiya ce. Ni da na haife ta ba ni da ikon kyautar da haƙƙinta, balle Baffa. Gobe in ta girma ta tambaye ni, in ce mata an musanya shi da shinkafa?" Ta ɗago ta dube ni. "Ni ba ni da damar fita. Kai ne ƙafata, kai ne bakina. In kuma takardunka sun fi nauyi, ka faɗa mini yanzu."

Ashe zancen takardun ya riga ni shiga cikin gida.

Da hantsi na koma garejin. Mainasara bakanike ya riga ya ciro gilashin ya jingine shi a gindin bishiyar bedi.

"Alhaji ya ce kafin azahar a sa sabo, wannan kuma a farfasa shi," in ji shi.

"Bar mini shi."

"Malam, me za ka yi da fasasshen gilashi? Madubin aure?"

Na matsa kusa da gilashin. Na tsuguna na duba tsakiyar tsagar. Akwai busasshen jini, da 'yan silin gashi maƙale a ciki, baƙi wuluk. Kan Dabo, ranar da ya tuɓe hula, fari ne fat da furfura.

Mainasara ya dubi gilashin, ya dube ni, sai ya juya baya ya shiga ƙarƙashin wata mota. Na naɗe gilashin a buhu, na tare mai babur, na rungume buhun a tsakaninmu.

Hanyar ta bi ta ƙofar gidanmu. An shimfiɗa tabarmi, jama'a sun fara taruwa. Na hango Dabo a rakuɓe can gefe, Mansur kuma a kusa da mahaifinsa, hularsa har kan gira. Baffa ya ɗaga mini hannu. Mai babur ya rage gudu.

"Nan ne?"

"A'a, mu je," na ce. "Kotun shari'a."

Ba a fara zama ba da muka isa. Na sami benci a baranda, na jingine buhun a tsakanin gwiwoyina, na jira a buɗe ƙofa.